Kukan da Ban Yi wa Harasim Ba

Harasim ya mutu a lokacin da bai dace ba, kamar yadda ya saba yin komai nasa. Da ya ƙara ɗan haƙuri, da ruwa ya janye, hanya ta buɗe, 'yarmu Zoriyana ta zo daga birni da limamin coci da maza majiya ƙarfi. Ina! Sai da ya bari ƙanƙara ta narke, fadama ta cika ta batse har ta shanye gada, sannan ya juya fuska bango ya tafi abinsa. Da hantsi ne, ina tsaka da yi masa mita a kan gatarin da ya bari a waje.

Ambaliyar ma aikin ɓerayen ruwan nan ne masu yanke itace da haƙori. Tun da tashar nukiliya ta Chernobil ta fashe ta watsa guba aka kwashe mutane, babu mai yashe magudanan da kakanninmu suka haƙa, su kuwa suka bi su suna toshewa. An ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Mu mun dawo, mun sato hanya ta cikin daji tun shekarar farko, amma gidan bai tsaya jiranmu ba. Aladun daji ke nome mana lambu ba mu sa su ba. Dawakan daji ke kwana a rumbun gonar gwamnati. A duk Sosniwka, garin da a da in an yi biki sai an ari benci daga ƙauyuka biyu, bututun hayaƙi biyu ne suka rage: nawa da na Motriya, yayar Harasim.

Na hau tsanin rumbu, inda waya take kamawa, na kira Zoriyana. Ta yi kukanta, sannan ta ce in jira, za a nemo kwalekwale a ɗauko shi a binne shi kusa da ita.

"Mama, don Allah kar ki yi wani abin hauka."

Na ce to. Na sauko na tafi kiran Motriya.

Ai mutumin ya riga ya gama shirinsa. Akwatin gawarsa shi ya sassaƙa da hannunsa, yana saman rufi, a ciki nake ajiye wake. Kabarinsa ma shi ya haƙa da kaka, dab da na mahaifiyarsa, ya shimfiɗa ciyawa a ciki, ya rufe da ƙofar da ya ciro a tsohuwar makaranta. Ranar da ya gama ya ce da ni, "Ustina, guba ta kore ni sau ɗaya. Kar ki bari a kore ni na biyu." Haka nan kawai, ya ci gaba da shan miyarsa.

Motriya ta kusa casa'in. Yanar tsufa ta rufe mata ido, sai dishi-dishi take gani, amma harshenta ko gezau. Shekara hamsin da ɗoriya ina gidan ƙanenta, har yau amarya take ce mini, kuma ba don so ba.

"Birni?" ta ce. "Su jera shi cikin baƙi, mota na wucewa ta kansa? Ɗora ruwan wanka, amarya, ki daina tsayuwa kamar an dasa ki."

Muka wanke shi, muka sa masa farar rigarsa. Ciwo ya cinye shi, bai fi damin kara nauyi ba, duk da haka sai da muka yi nishi kafin akwatin ya hau amalanke washegari da safe. Murfin ba mu buga masa ƙusa ba. A wurinmu ba a bugawa sai a bakin kabari, bayan kowa ya sumbaci goshin mamaci ya nemi gafararsa. Tawul mai aikin jan zare muka ɗaure shi da shi, na jefa guduma da ƙusoshi a aljihu, shebur a gefen akwati. Ni na shiga gaba da igiya a ƙirji, Motriya tana turawa ta baya.

Muna fita ƙofar gida ta ce, "To, buɗe baki mana. Ko so kike ya isa can a ce ba shi da kowa?"

Kukan mutuwa a wurinmu aiki ne, ba hawaye kawai ba. Da shi ake sanar da na maƙabarta cewa ga nasu nan tafe, su matsa masa. Na bakin kabari shi ne babba, don shi mamaci ke tafiya da shi a kunne. Wanda aka rufe shiru, tsofaffi sun ce a bakin shinge yake tsayawa, ba mai ce masa shigo. Kuma ba yabon kai ba, a da har ƙauyukan ƙetaren kogi ake aiko mini da keken doki in je in yi wa gawar wasu. Na sa ƙartai kuka a kan mutanen da ban ko san sunansu ba sai ranar.

Na ja numfashi na ɗaga murya. Wayyo maigidana, ina za ka da safen nan ba ka karya ba? Wane gida ne wannan ka gina, ba taga, ba murhu? Wa zai faskara mini itace, wa zan yi wa faɗa ya yi kamar bai ji ba? Na ja ƙarshen, na ja, yadda ake yi, har muryar ta sirance ta bi layin gidajen da ba kowa.

Sai aka amsa.

Daga gaba ne, ta wajen maƙabarta. Murya ɗaya ta fara daga ƙasa ta yi sama, wata ta kama, wata ta shiga ƙarƙashinsu. Rana tsaka, ido na ganin ido. Na tsaya cik, igiyar ta saki a ƙirjina.

"Karnuka ne," in ji Motriya.

"Wane kare, Yaya? Na ƙarshe ai sarƙarsa kawai muka tarar."

Ta karkata kunne. Sannan a hankali ta ce, "Su Kawu ne ke nan."

Ba ma kiran kyarkeci da sunansa a waje, Kawu muke cewa, kada ya ji ya ɗauka gayyata ce. Ina budurwa sau ɗaya na taɓa ganinsa, matacce a bayan motar mafarauta, yara suna ja masa wutsiya. Yanzu kuwa masu binciken da ke zuwa da na'urori sun ce sun fi yawa a nan fiye da dazuzzukan da guba ba ta taɓa ba. Sun faɗa suna murna. Su da yamma motarsu suke shiga.

Na ce, "Mu koma. Mu jira kwalekwalen."

"Ki mayar da gawa gida? Kin taɓa jin an yi? In ya sake tsallake dokin ƙofar nan ba shi kaɗai zai fita ba, kin sani. Ja mu je. Kawu ba ya taɓa mai rakiyar gawa."

"Wa ya ce?"

"Ni na ce."

Muka ci gaba. Layin garinmu yanzu kurmi ne, itatuwa masu farin ɓawo sun fito ta tsakiyar titi, sun fito ta rufin gidaje. Ƙafar amalanken tana ƙara, ƙiii, ƙiii, ni kuwa ji nake kamar in roƙe ta ta yi shiru. Wajen tsohon kanti na fara ganin Kawu. Yana tsaye a ƙofa, inda muke layin burodi a da, babba, launin toka, kansa a ƙasa. Bai gudu ba. Da muka wuce sai ya bi ta bayan gidaje, daidai da tafiyarmu. In ga shi ta tagar gidan su Demko, ya ɓace, in sake ganinsa ta ɓarakar dangar gaba. Ban gaya wa Motriya ba. Wani lokacin rashin ido ma rahama ne.

A mararraba dole a tsaya da gawa a yi addu'a. Muka tsaya, shi ma ya tsaya. Na yi alamar gicciye.

"Me ya kama miki maƙogwaro?" Motriya ta ce. "Gawar banza kin yi wa kuka har kin suma, naki kuma kin yi gum? Dama na faɗa tun ranar auren, wannan yarinya baki ne kawai."

"Yaya, don girman Allah ki rage murya."

"A garin ubana?"

Na yi ta ja, gumi yana bin bayana duk da sanyi. Muna isa ƙofar maƙabarta, kafin in ankara, tsohuwar nan ta saki amalanke, ta dafe akwati da hannu biyu, ta ɓarke da kukan da kanta. Muryarta ta tsufa, ta dushe, tana karyewa a tsakiya, amma tana da tsawo. Wayyo ƙanena, wayyo ɗan autan Inna, ni na goye ka, kai ya kamata ka rufe ni.

Wannan karon amsar ba daga nesa ta zo ba. Daga cikin maƙabartar ta tashi, dama da hagu, kusa har na ji ta a haƙorana. Motriya ta haɗiye sauran kukanta. Ta laluba ta kama hannun rigata.

"Nawa ne?"

"Ban ƙirga ba. Tura kawai."

Kabarin yana can ƙarshe, ƙarƙashin babban itace. Tun daga nesa na ga abin da ban gane ba: yashi sabo, fari, an watso shi daga gefen ƙofar makarantar da ke rufe da ramin. Da muka matsa sai wari ya tare mu. Ga ƙafar barewa da kofatonta a kan kabarin surukata, ga gashi, ga ƙasusuwa. An yi rami ta ƙarƙashin ƙofar, daidai shigar kare. Daga ciki kuma wani ɗan sauti yake fitowa, tsiw-tsiw, kamar na 'yan kyanwa.

Na sa shebur na ɗaga ƙofar, na ture ta gefe. 'Ya'yan kyarkeci ne, suna can a kusurwa, a kan ciyawar da Harasim ya shimfiɗa wa kansa, baƙaƙe, dunƙule wuri guda, ko ido ba su buɗe ba.

"Mene ne?" in ji Motriya.

"Ta haihu a ciki."

"A kabarin ƙanena? Ba ni shebur ɗin. In ke ba za ki iya ba, nuna mini inda suke."

Na riƙe shebur gam. Kar wani ya ce tausayi ne, babu ko ɗigon tausayi a raina. Uwar na gani. Tana tsaye tsakanin gicciye biyu, nisan da bai fi daga murhuna zuwa ƙofa ba, ramammiya, nonuwa a zube, da baƙin abin wuyan nan da masu bincike ke ɗaura musu. Ba ta yi gurnani ba. Leɓenta na sama kawai ta ɗage, tana kallon hannuna.

"Yaya," na ce da raɗa, "ja da baya. A hankali. Kar ki juya."

Kowane kabari a wurinmu da shingensa na ƙarfe, iya ƙugu, da ɗan benci a ciki inda dangi ke zama ranar ziyara. Na ja ta da baya-baya har muka shiga na tsohon maƙeri, na janyo 'yar ƙofar. Shingen da ko akuya za ta tsallake. Amalanke ba zai shiga ba, a can muka bar shi. Ba a barin gawa ita kaɗai ko na ƙiftawar ido, na sani, kuma na bar shi.

Muka zauna a bencin. Ban san tsawon lokacin ba, na dai ga inuwar gicciye ta tashi daga ƙafata ta koma ta Motriya. Can uwar ta taho, tana tafiya tana tsayawa, ta dira cikin ramin. Ta fito da ɗaya a baki, ta bi ta gabanmu, har ina jin numfashinta, ta shige kurmi. Ta dawo. Na ce a raina, Ubangiji, ka sa kwashewa take yi, ka sa ta gama mu samu ramin.

Sai namijin ya fito, wanda ya rako mu tun daga kanti. Shi bai kula ramin ba. Amalanke ya nufa. Ya zagaya shi, ya shinshina ƙafar, ya ɗaga hanci. Sannan ya miƙe ya ɗora ƙafafun gaba a kan akwatin.

"Me ke ƙara?" Motriya ta ce a kunnena.

"Yana kan akwati."

Ta damƙe hannuna. "Wayyo ni. Amarya, na sa masa kitse."

"Kin sa me?"

"Kitsen alade, mai hayaƙi, wanda yake so. A ƙarƙashin matashi. Guzuri ne, haka muka yi wa Baba."

Ban samu bakin zaginta ba. Kyarkecin ya cusa hanci ƙarƙashin murfin. Tawul ɗin da na ɗaure, ɗaurin tsohuwa mai ciwon yatsu, ya saki. Murfin ya zame ya faɗi ƙasa, kwaram. Ya yi tsalle baya, ya tsaya, ya dawo. Ga Harasim a fili, fuskarsa tana kallon sama, da gemun da na taje masa jiya.

Motriya ta buɗe baki za ta yi ihu. Na sa tafin hannu na toshe, na danna kanta a ƙirjina. Ta cije ni da 'yan haƙoran da suka rage mata, ban saki ba. Uwar tana cikin rami a lokacin, wasu biyu suna kwance bakin kurmi suna kallonmu. Ihu ɗaya, ban san me zai biyo baya ba.

Ya tura kansa cikin akwatin. Ina kallo, hancinsa ya bi goshin, wurin da ya kamata in sumbata, ya bi kunne, ya gangara wuya. Na yi addu'ar da ban taɓa yi ba, na ce Ubangiji ka sa kitsen ya fi mijina ƙamshi. Ya cusa baki ƙasa, ya ja. Matashin ya fito tare da ƙunshin, kan Harasim ya bugi katako.

Ƙum. Ƙaramin sauti ne, ko kaza ba zai kora ba. Har yau in cokali ya faɗi a kan tebur sai na dafe bango.

Ya tafi da ƙunshinsa, yana jan matashin, gashin kaza yana zuba a hanya. Uwar ta fito da na ƙarshe. Ta sake dawowa ta leƙa ramin, ta shinshina, ta dube mu, sannan ta juya. Ba su yi nisa ba. Inda itatuwa suka fara duhu suka tsaya, in ka zuba ido sai ka ga kunne, ka ga gefen baya.

Na saki Motriya. Hannuna yana jini.

Muka fito kamar ɓarayi. Na gyara masa kai, na cire ɗankwalina na naɗe na sa masa a ƙarƙashi. Na sunkuya zan sumbaci goshin, na ga danshi a wurin, na goge da hannun riga, na sumbata. Motriya ta laluba fuskar da yatsu, leɓenta yana motsi ba sauti. Muka mayar da murfin. Na ciro guduma, na ɗora ƙusa, na dubi kurmi, na mayar da su aljihu.

Maza huɗu ke saukar da akwati da dogayen tawul. Mu ƙofar makarantar muka jingina cikin ramin, muka turo shi ya gangara a kai. Ya sauka a karkace, ƙafa ƙasa, kai sama, a kan ciyawar da ke warin kyarkeci. Na yi ƙoƙarin daidaita shi da shebur, ya ƙi. Haka na bar shi. Ni da shebur, Motriya da hannu da ƙafa, muka yi ta tura yashi, a hankali, kada ya yi ƙara a kan katako.

Da ya rage gefen murfin kawai ake gani, Motriya ta taɓa ni.

"Yanzu ne," ta ce da raɗa. "In ya rufu ba zai ji ba. Ko kaɗan ne, Ustina."

Ranar ta fara kiran sunana.

Na miƙe. Kalmomin suna nan, tun jiya nake shirya su ina wanke shi, waɗanda ban taɓa ba gawar kowa ba. Na cika ƙirji da iska, na buɗe baki. A bakin kurmi wani kai ya ɗago, kunnuwa a tsaye.

Na rufe bakina. Na ɗauki shebur na zuba yashin.

Mun mayar da ƙofar a kan tudun, mun ɗora duwatsu da wani tsohon gicciyen ƙarfe da ya faɗi. Amalanken a can muka bar shi, saboda ƙarar ƙafarsa. Muka kamo hanya riƙe da juna, ba mai waiwaye, wannan kam al'ada da tsoro sun zo ɗaya. A ƙofar gidanta Motriya ta saki hannuna ta shige, na ji ta sa sakata.

Rana ba ta faɗi ba na isa gida. Ban shiga ɗaki ba. Na zagaya bayan rumbu, na ɗaga murfin ramin da muke ajiye dankali, na sauka, na janyo murfin a kaina. A can, cikin duhu, a kan buhu, na yi wa Harasim kukansa tun daga farko har ƙarshe, ban tsallake ko kalma ɗaya ba. Shi ne mafi kyau da na taɓa yi a rayuwata. Su Kawu ba su ji ba, shi ma bai ji ba.